BABI NA UKU: TARIHIN AKATOSH DA YADDA AKE BAUTA MASA A DUNIYAR TAMRIEL

3.0 Gabatarwa

Wannan babi zai yi ƙoƙarin bin diddigin tarihin wani abin bauta na ƙage mai suna Akatosh, wanda aka fi sani da laƙabin Dodon Lokaci, da kuma irin bautar da aka tsara masa a cikin jerin wasannin kwamfuta na The Elder Scrolls, waɗanda kamfanin Bethesda Softworks na ƙasar Amurka ya fara fitarwa a shekarar 1994. Idan aka ce dodo a nan, ana nufin halittar nan ta tatsuniyoyin Turawa da suke kira diragon, wato wani ƙaton ƙadangare mai fukafukai da ke aman wuta. Ya kamata a fahimta tun daga farko cewa babu wata al'umma a bayan ƙasa da ta taɓa bauta wa Akatosh. Marubuta ne suka zauna suka ƙago shi, kamar yadda suka ƙago nahiyar Tamriel da mutanen da ke cikinta.

Saboda haka tarihi biyu ne za su riƙa tafiya kafaɗa da kafaɗa a wannan babi. Akwai tarihin waje, wato na marubutan da shekarun da suka yi aikinsu, wanda aka ƙirga da shekarun miladiyya. Akwai kuma tarihin ciki, wanda mutanen Tamriel suke bayarwa game da kansu, kuma duk inda aka ambaci Zamani na Farko ko na Biyu ko na Uku ko na Huɗu, to ƙirgarsu ake nufi. Abin da ake son nunawa shi ne, mafi muhimmancin abin da aka faɗa game da Akatosh ya samo asali ne daga wata matsala da marubutan suka jefa kansu ciki a shekarar 1996, kuma maganin da suka samo mata shi ne ya mayar da wannan abin bauta abin rigima, domin wanda duk ya riƙe shi, shi ke da ikon faɗin abin da ya faru jiya.

3.1 Waɗanda Suka Share Hanya

Tsofaffin al'ummu sun daɗe da bai wa lokaci da tunawa siffar abin bauta. Girkawa suna da Mnemosyne, wadda ita ce tunawa, kuma suka ce ita ta haifi alloli mata tara masu kula da waƙa da tarihi da sauran fasahohi. Farisawan dā suna da Zurvan, wanda shi ne lokaci marar iyaka. Amma waɗannan duk gado ne da al'umma ta taras. Marubucin da manazarta suka fi dangantawa da fara ƙago cikakken ayarin abubuwan bauta daga kansa shi ne Lord Dunsany, mutumin ƙasar Ayalan, a littafinsa The Gods of Pegana na shekarar 1905. A cikinsa akwai Sish, mai hallaka sa'o'i, wanda lokaci ya zama karen farautarsa, kuma ba ya taɓa juyowa baya. Akwai kuma Trogool, wanda aikinsa kawai buɗe shafukan wani babban littafi, baƙi da fari, wato dare da rana, ba ya kuwa komawa shafin da ya wuce.

Bayansa sai J.R.R. Tolkien, wanda a littafin The Silmarillion da ɗansa ya fitar a 1977, shekara huɗu bayan rasuwarsa, ya kawo Mandos, wanda ba ya manta komai, da matarsa Vaire, masaƙiyar da ke saƙa duk abin da ya taɓa faruwa a jikin labulayen da aka lulluɓe zaurukan mijinta da su. A nan an haɗa lokaci da tunawa a gida ɗaya. Sai dai Tolkien bai gina musu ɗakunan bauta ba, bai kuma naɗa musu masu hidima ba.

Wanda ya kawo wannan ɓangare shi ne wasan Dungeons & Dragons da Gary Gygax da Dave Arneson suka fitar a 1974. Wasa ne na zama a gewaye tebur, kowa ya ɗauki matsayin wani jarumi, kuma ɗaya daga cikin matsayin shi ne na malamin bauta, wanda ƙarfinsa ke zuwa daga abin da yake bauta wa. Wannan ya tilasta wa kowane abin bauta na ƙage ya sami fannin da yake kula da shi, da tambari, da masu hidima, da ladan da zai bai wa mabiyinsa nan take. Ma'aikatan Bethesda 'yan wannan wasa ne, kuma daga duniyar da suke amfani da ita a zamansu na wasa aka ciro Tamriel.

3.2 Bayyanar Akatosh a Daggerfall

Wasan farko, Arena, bai ba addini wani muhimmanci ba. Asali ma an fara tsara shi ne a matsayin wasan mayaƙa masu yawo gari gari suna fafatawa a dandali, daga baya ya rikiɗe ya zama wasan yawon duniya. Sai a wasa na biyu, Daggerfall, wanda ya fito a 1996 ƙarƙashin jagorancin Julian LeFay da Ted Peterson, aka tsara abubuwan bauta guda takwas, kowanne da ɗakunan bautarsa, Akatosh yana cikinsu. Yadda aka samo sunan ma abin dariya ne. Wasu daga cikin takwas ɗin an ciro sunayensu ne daga na mutanen da suka yi gwajin wasan kafin a kai shi kasuwa, kuma na Akatosh haruffan farko ne na wata inkiya ta Ingilishi da ɗaya daga cikinsu yake amfani da ita, inda ya kira kansa tsohon Smaug, wato dodon nan na littafin The Hobbit da Tolkien ya wallafa a 1937. Ke nan wanda daga baya zai zama shugaban abubuwan bautar daula guda, barkwanci tsakanin abokan aiki ne ya raɗa masa suna.

Bautarsa a wannan wasa ba ta da zurfi. Mai wasa yana iya shiga ƙungiyar ɗakin bautarsa, ya yi mata aikace-aikace, a riƙa ɗaga masa muƙami, kuma akwai rundunar mayaƙan da ke kare ɗakin, wadda sunanta ke nufin Ƙungiyar Sa'a. Ladan da mabiyi yake samu shi ne a rage masa kwanakin tafiya daga gari zuwa gari, gwargwadon muƙaminsa. Wannan ba ƙaramin abu ba ne a wasan da ƙasarsa ke da faɗi ƙwarai, kuma yawancin ayyukan da ake ba mutum suna da wa'adi. Amma iyakar abin da ikon lokaci yake nufi ke nan a 1996.

Matsalar da aka ambata a gabatarwa tana ƙarshen labarin ne. Labarin Daggerfall ya ginu ne a kan wani ƙaton mutum-mutumin tagulla mai suna Numidium, wanda Tiber Septim, wanda ya kafa daular da ke mulki, ya yi amfani da shi wajen gama cin Tamriel da yaƙi a shekara ta 896 ta Zamani na Biyu. Mai wasa ne yake samo kayan tsafin da ake sarrafa shi da su, kuma shi ne zai zaɓi wanda zai miƙa wa. Yana iya ba Sarki Gothryd na Daggerfall, ko Sarauniya Akorithi ta Sentinel, ko Sarki Eadwyre na Wayrest. Yana iya ba Gortwog, shugaban jinsin Orc, wasu halittu masu koren fata da sauran al'ummu ke ƙyama, wanda yake neman a amince da ƙasarsa ta Orsinium. Yana iya mayar wa babban sarkin daula, Uriel Septim na Bakwai, ko ya ba matsafin nan Mannimarco, Sarkin Tsutsotsi, mai burin zama abin bauta, ko kuma wani tsohon matsafi da ya kasa mutuwa, wanda ba ya neman komai sai hutun kabari. Kowane zaɓi da irin ƙarshensa.

A lokacin wannan 'yanci abin yabo ne. Amma da aka zo rubuta wasan da zai biyo baya, sai tambaya ta taso: wane ƙarshe ne ya faru? Idan aka ce Gothryd ne ya yi nasara, an ƙaryata duk ɗan wasan da ya shafe watanni yana yi wa Gortwog aiki. Idan kuma aka yi shiru, tarihin daular ya sami rami a tsakiyarsa.

3.3 Karyewar Dodo

Tsakanin 1998, lokacin da aka fitar da wasan Redguard tare da wani ɗan littafin jagora kan lardunan daular, zuwa 2002 da aka fitar da Morrowind, wasu sababbin marubuta, musamman Michael Kirkbride da Kurt Kuhlmann da Ken Rolston, suka sake gina addinan Tamriel tun daga tushe. Hanyar da suka bi ita ce ta zuba littattafai a cikin wasan, waɗanda mai wasa zai tsinta a kan kanta ko a cikin kogo, kowanne da marubucinsa na ƙage, da son zuciyarsa, kuma sau da yawa suna saɓa wa juna. Kamfanin bai tsaya ya ce ga mai gaskiya ba.

A cikin waɗannan littattafai aka ba Akatosh asali. An ce shi ne ruhu na farko da ya sami siffa, kuma da samuwarsa ne lokaci ya fara, sauran ruhohi suka iya gane kansu a matsayin masu jiya da gobe. An ce kusan kowace al'umma ta san shi da wani suna. Elfawa, wato halittu masu kama da mutane, masu dogon rai da tsinin kunne, suna kiransa Auri-El, suna kuma ɗaukarsa kakansu. Kajit, mutane masu siffar kyanwa, suna kiransa Alkosh. Nodawa, mutanen ƙasar sanyi ta arewa, sun san wani dodo mai suna Alduin, mai cinye duniya idan wa'adinta ya cika. Bambancin ya wuce na suna. A wurin Elfawa halittar duniya asara ce, yaudara ce da wani ruhu mai suna Lorkhan ya yi wa kakanninsu har suka rasa dawwama, kuma Auri-El shi ne ya jagoranci yaƙi da shi, ya ɗaura zuciyarsa a kibiya ya harba ta teku, sannan ya hau sama a gaban mabiyansa domin su koyi hanyar tsira daga duniya. A wurin 'yan'adam kuwa halittar duniya kyauta ce. Abin bauta ɗaya ke nan, amma wasu suna roƙonsa ya fitar da su daga lokaci, wasu suna gode masa da ya sa su a ciki.

Daga nan aka kawo labarin Alessia. 'Yan'adam na tsakiyar nahiyar bayi ne a hannun wasu Elfawa da ake kira Ayleid, har Alessia ta jagoranci tawaye, aka ci babban birninsu a shekara ta 243 ta Zamani na Farko. Sai ta sami kanta a tsaka mai wuya. Talakawanta sun saba da abubuwan bautar iyayengijinsu, ba sa son rabuwa da su, su kuwa Nodawan da suka taimaka mata da mayaƙa ba sa ƙaunar jin sunan wani abin bautar Elfawa. Dabarar da ta yi ita ce ta tsinto daga nan ta tsinto daga can, ta haɗa guda takwas, ta sa Akatosh a kansu. Abin lura a nan shi ne, marubutan ba su ɓoye cewa addinin daular sulhun siyasa ne ba. Takwas ɗin nan da aka jera a 1996 don kawai a sami ƙungiyoyin da mai wasa zai shiga, yanzu an ba su dalilin kasancewa takwas.

Sulhun bai gamsar da kowa ba. Wani mai da'awar wahayi da ake kira Marukh, wanda aka ce daga jinsin birai masu magana ya fito, ya zo da koyarwar tsananin ƙin Elfawa, kuma ƙungiyar da ta ginu a kan koyarwarsa ta riƙe daular tsawon ƙarnuka. Wani ɓangare na 'yan tsattsauran ra'ayinta bai iya jure cewa shugaban abubuwan bautarsu yana da jinin Elfawa ba. Saboda haka suka hau kan wata hasumiya, suka yi rawar tsafi da nufin su cire Auri-El daga jikin Akatosh. Abin da ya biyo baya shi ake kira Karyewar Dodo. Tun da shi ne lokaci, da aka taɓa shi sai lokaci ya daina tafiya a kan layi ɗaya, abubuwa masu karo da juna suka riƙa faruwa tare, har tsawon shekara 1008, daga shekara ta 1200 zuwa ta 2208 ta Zamani na Farko.

Littafin da ya fi bayyana wannan a Morrowind ɗan ƙarami ne, kuma takensa tambaya ce ga mai karatu kan inda yake a lokacin da Dodo ya karye. An tara amsoshin mutane daban-daban. Wakilin majalisar daular ya ce an tattara bayanai daga dukkan larduna, babu biyun da suka dace, in ban da cewa kowa ya ga faɗuwar wasu taurari takwas, da su aka yi ƙirga. Wani Kajit kuma ya ce mutanensa ne suka riƙe lissafi ta hanyar duban watanni biyun da ke samaniyar duniyar, ya zargi 'yan'adam da karya Alkosh, sannan ya ƙara da cewa sun sake yin haka da mutum-mutumin tagulla, yana tambaya cikin ba'a ko a Daggerfall ne abin ya faru, ko a Sentinel, ko a Wayrest, ko kuwa a duka ukun lokaci guda.

Wannan ba'a ita ce amsar matsalar 1996. Tayar da Numidium ya karya Dodo, saboda haka dukkan ƙarshen sun faru. An yi cikakken bayanin a wani littafi da ya bayyana a wasan Oblivion na 2006, wanda ya tattara rahotannin 'yan leƙen asirin sarki. A shekara ta 417 ta Zamani na Uku, mutanen yankin suka kwanta ranar 9 ga wata, suka wayi gari ranar 11, babu wanda ya iya faɗin inda ranar 10 ta shiga. Ƙananan masarautu 44 sun koma huɗu: Daggerfall da Sentinel da Wayrest da Orsinium, kowace ta ci maƙwabtanta, dukansu kuma suna yi wa babban sarki biyayya. Tsohon matsafin ya sami mutuwarsa. Mannimarco ya zama abin bauta, kuma duk da haka yana nan a matsayin matsafi mai jiki, har mai wasa yakan kashe shi a Oblivion. Jama'ar daular suka sa wa abin suna Mu'ujizar Zaman Lafiya, ko da yake rahotannin cike suke da garuruwan da aka ƙone da rundunonin da suka ɓace.

Ana iya cewa wannan faci ne kawai, irin wanda maƙaryaci ke yi idan an kama shi, kuma akwai ƙamshin gaskiya a zargin. Amma facin da aka yi wa labarin shekara 417 bai zo shi kaɗai ba. An riga an dasa masa misali a Zamani na Farko, an ba shi dalili a cikin rigimar addini, ta yadda mai karatu zai gan shi a matsayin abin da ya taɓa faruwa ya sake faruwa. Har ila yau marubutan sun sa wa kansu mai suka a cikin gida. Wani littafi da aka jingina wa wani masani mai suna Fal Droon ya ce babu wata Karyewar Dodo, kuskuren marubuta tarihi ne. A cewarsa, mabiyan Marukh suna ƙirga shekara ne da tsawon suman wahayi na babbar malamar bautarsu, wanda kan ɗauki makonni ko watanni, sai waɗanda suka zo daga baya suka ɗauka shekarar rana ce, suka mayar da kimanin shekara 150 zuwa 1008. Hujjar tasa ta yi kama da ta masanin tarihi na ƙwarai. Sai dai idan aka juya haruffan sunansa a Ingilishi, kalmomin da suke fitowa suna nufin wawa.

Ya kamata a lura kuma cewa kamfanin bai mayar da wannan dabara abin yi kullum ba. Babban labarin Morrowind da na Oblivion kowanne ƙarshe ɗaya gare shi, kuma wasannin da suka biyo baya sukan ambaci jarumin da ya gabata da laƙabi kawai, ba suna, ba jinsi, domin kada a ƙaryata kowa.

3.4 Bauta da Sarauta

Oblivion ne ya fi nuna yadda ake bautar a aikace. A wannan lokaci takwas sun zama tara, domin an ƙara Tiber Septim da sunan Talos. Kowane babban gari yana da ɗakin bautar da aka keɓe wa ɗaya daga cikinsu, na Akatosh yana garin Kvatch. A gilasan tagogi an zana shi da kai biyu, na mutum da na dodo, yana riƙe da agogon yashi. Mai wasa yakan je wurin bagade a warkar masa da cuta, amma idan mugun sunansa ya rinjayi kyakkyawan sunansa ba za a karɓe shi ba. A wani ƙarin labari da aka fitar a shekarar, an tsara ziyarar ƙananan wuraren bauta tara da ke warwatse a daji, wadda idan mutum ya kammala ake shafe masa mugun sunan gaba ɗaya.

Wani ɗan littafin koyarwa ya jera umurnin kowane abin bauta. Na sauran ya shafi tausayi da gaskiya a ciniki da girmama matattu da makamantansu. Na Akatosh kuwa bai ce komai game da lokaci ba: biyayya ga babban sarki, da nazarin alkawura, da bin maganar malaman bauta. Alkawarin da ake nufi shi ne wanda aka ce ya ƙulla da Alessia, inda ya ba ta Layar Sarakuna, wani jan dutse da aka ce daga jininsa aka yi shi. Muddin mai jinin dodo yana kan karaga, yana sanye da layar, kuma ya kunna Wutar Dodo a babban ɗakin bauta na birnin daular, to shaiɗanun da ake kira Daedra ba za su iya mamaye duniya ba. Wannan ya nuna cewa a hannun daular, ikon lokaci ya koma ikon ɗorewa, wato tabbacin cewa sarautar yau ita ce ta jiya.

Labarin wasan shi ne tsinkewar wannan igiya. A shekara ta 433 ta Zamani na Uku aka kashe Uriel Septim da 'ya'yansa da aka sani, wutar ta mutu, ƙofofin shaiɗanu suka buɗe, kuma garin da aka fara rusawa shi ne Kvatch. Magajin da ya rage ɗan sarki ne na ɓoye mai suna Martin, wanda ya tashi bai san asalinsa ba, yana aikin malamin bautar Akatosh a wannan gari. A ƙarshe, da shaiɗanin Mehrunes Dagon ya shigo birnin daular da kansa, Martin ya fasa layar, ya rikiɗe ya zama dodon wuta, ya kore shi, sannan ya daskare ya zama gunkin dutse a cikin ɗakin bautar. Da wannan aka rufe ƙofofin, aka kuma rufe zuriyar Septim da Zamani na Uku. Wasan The Elder Scrolls Online na 2014, wanda labarinsa ya koma baya zuwa Zamani na Biyu, ya nuna ɗaya fuskar: wani sarki mai suna Varen, da ya hau karaga da ƙarfin takobi ba tare da jinin dodo ba, ya yarda aka yi tsafi da layar domin Akatosh ya amince da shi, aka yaudare shi, abin ya zama bala'in da ya buɗe duniya ga wani shaiɗanin.

3.5 Tunawa da Mantuwa

Saɓanin abin da Tolkien ya yi, marubutan Tamriel ba su bar lokaci da tunawa a gida ɗaya ba. A wurin Elfawa, Auri-El yana da magatakarda mai suna Xarxes, wanda yake rubuta duk abin da jinsinsu ya aikata, babba da ƙarami, tun farkon lokaci. Amma wanda aka ba mulkin sani da tunawa kacokan shi ne Hermaeus Mora, kuma shi yana cikin shaiɗanu ne, mai tara littattafan da ke haukata masu karanta su. A ƙarin labarin Gold Road na 2024 an nuna cewa ya taɓa shafe wata shaiɗaniya mai suna Ithelia daga tunanin kowa da kowa, har takwarorinta suka manta an taɓa yin ta. Su ma takardun da jerin wasannin ya ci sunansu, waɗanda ke ɗauke da abin da ya wuce da abin da zai zo, malaman da ke karanta su makancewa suke yi a hankali. Akatosh yana tabbatar da cewa jiya ta riga yau, amma bai ɗauki alkawarin cewa za a tuna ta daidai ba.

Skyrim, wanda ya fito ranar 11 ga Nuwamba, 2011, ya taso da tsohuwar tambayar ko Alduin na Nodawa shi ne Akatosh. A wasan, Alduin ya bayyana da jikinsa, yana kiran kansa ɗan farin Akatosh. Jaruman dā sun kasa kashe shi, sai suka yi amfani da ɗaya daga cikin takardun nan suka jefa shi gaba cikin lokaci, ya faɗo a shekara ta 201 ta Zamani na Huɗu, lokacin da mutane sun riga sun mayar da shi tatsuniya, kalmomin da aka yi amfani da su wajen kayar da shi kuma sun ɓace. Dole mai wasa ya hau ƙololuwar dutsen da abin ya faru, inda lokaci ya bar tabo, ya leƙa baya ya ji su da kunnensa. A kan kantocin ƙasar kuwa akwai littafin wani babban malamin bauta da ke tattauna ko dodon ɗaya ne ko biyu, da na wani Banode marar ilimi, cike da kurakuran rubutu, wanda ya rantse cewa biyu ne. Abin da mai wasa ya gani da idonsa ya fi kusa da maganar marar ilimin.

A ƙarin labarin Dawnguard na 2012 an nuna tsohuwar bautar Auri-El a wani kwari da aka manta, inda mai neman shiga yakan ɗauki tulu, ya bi wuraren bauta biyar ɗaya bayan ɗaya, yana ɗiban ruwa a kowanne, sannan ya juye a ƙofar babban ɗakin kafin ta buɗe. Waɗanda ke tsaron wuraren fatalwowi ne da ba su san cewa jama'arsu ta ƙare ba tun dubban shekaru.

Ita kuwa daular, a shekara ta 175 ta Zamani na Huɗu ta sa hannu kan yarjejeniyar sulhu da gwamnatin Elfawa bayan babban yaƙi, kuma cikin sharuɗɗan har da haramta bautar Talos. Tara suka koma takwas. Elfawan ba su nemi a taɓa Akatosh ba, tun da a ganinsu nasu ne tun asali. A babban ɗakin bauta na birnin Solitude akwai gurbi tara a jikin bango, takwas da bagadensu, ɗaya babu komai a ciki, kuma ba a mayar da na Talos sai idan mai wasa ya bi 'yan tawaye har sun ci birnin.